Miyar Dangwale Daga Kayan Gonarmu: Wata Hanyar Cin Awara

A yawancin gidajen Achika da sauran ƙauyukan ƙasar Wudil, nama ya zama abincin ranar salla, ko Kirsimeti, ko suna. Abin da ya maye gurbinsa a bakin yara shi ne awara, kuma wannan abin godiya ne ga Allah, gama waken suya yana da sinadarin furotin mai gina jiki kusan kashi 40 cikin 100, alhali wakenmu na gida bai wuce kashi 25 ba. Amma akwai abu biyu da ke rage amfanin awara yadda muke cinta. Na farko, ba mu san wata hanyar dafa ta ba sai suya, ga shi kuwa man girki ya yi tsada, musamman tun daga shekarar 2023 da farashin kaya ya tashi. Na biyu, mahaɗinta kullum yaji ne. Babba zai ci ya ji daɗi, amma yaro ɗan shekara 2 da ya lasa sau ɗaya ya ji zafi, sai ya kau da kai. Shi ne kuwa ya fi kowa bukatarta a gidan.

Mutanen Asiya, waɗanda a wurinsu awara ta samo asali, sun daɗe da warware wannan matsala. Suna dafa ta cikin romo, sa'an nan kowa ya dangwala a 'yar miya mai kauri da aka zuba masa a ƙaramin kwano. Wannan 'yar miya ita muke kira miyar dangwale a wannan rubutu. Kusan duk abin da ake yinta da shi yana cikin rumbunanmu ko a kasuwar Wudil ta ranar Juma'a.

Inda abin ya fito

A ƙasar Siwizalan ta Turai akwai wani abinci da ake kira fondu. Kalmar Faransanci ce, ma'anarta abin da aka narkar. Sukan narkar da cuku a tukunya, a ajiye ta bisa ƙaramar wuta a tsakiyar tebur, kowa ya soke gutsuren burodi da dogon cokali mai yatsu ya tsoma. Wannan bai dace da mu ba, domin ba mu da irin cukunsu, kuma da giya ake haɗa shi. Amma suna da wani iri da su da kansu suke kira fondu na Sin, wanda iyalai da yawa suke ci a lokacin Kirsimeti. A wannan, romo ne a tukunyar, ana tsoma nama yankan siriri ya dahu nan take, a ci da miyar dangwale iri-iri.

Sunan ya nuna inda suka aro shi. A ƙasar Sin tukunyar romo a tsakiyar jama'a tsohuwar al'ada ce. Mutanen Beijin suna tsoma naman rago su dangwala a markaɗaɗɗen riɗi. Mutanen Japan suna da nasu da ake kira shabu-shabu, wanda ya yi suna a birnin Osaka a shekarun 1950, kuma miya biyu ake kawo shi da su, ɗaya ta riɗi, ɗaya mai tsamin lemo. A Indonesiya kuma akwai nama a tsinke da ake kira sate, wanda duk Bahaushen da ya gan shi zai ce tsire ne, sai dai su miyar gyaɗa mai ruwa suke ci da shi a maimakon garin ƙuli-ƙuli.

Kada mai karatu ya ɗauka baƙon abu ake kawo masa. Awara kanta ita ce abin da Sinawa suke yi fiye da shekara 1,000. Ta yaɗu a Nijeriya bayan da cibiyar binciken aikin gona ta IITA da ke Ibadan da abokan aikinta suka dukufa wajen koya wa mata sarrafa waken suya tun daga ƙarshen shekarun 1980. Farin magi na Ajinomoto da ke kowane teburin mai kayan miya ɗan Japan ne, an fara sayar da shi a can a 1909. Shi kuma Maggi, sunan wani mutumin Siwizalan ne, Julius Maggi. Ashe ƙasashen biyu sun daɗe a cikin tukwanenmu ba mu sani ba.

Daddawa a madadin soya sos

Duk miyar dangwale mai daɗi tana tsaye ne a kan gishiri, da tsami, da ɗan zaƙi, da maiƙo, sa'an nan wani ɗanɗano mai zurfi irin wanda ake ji a romon nama. Mutanen Asiya suna samun gishiri da wannan ɗanɗano a tare daga wani baƙin ruwa da ake kira soya sos, wanda ake yi da waken suya da alkama da gishiri, a bar su su ruɓa na watanni. Ana samunsa a manyan kantunan Kano, amma ba mu ba kowa shawarar ya kashe kuɗin mota ya je nemansa ba. Yana da tsada, kuma gishirinsa ya yi yawa. Babban cokali ɗaya yana ɗauke da kusan rabin gishirin da ya kamata babban mutum ya ci a yini, gama Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada ya kai giram 5, wato kimanin ƙaramin cokali ɗaya. Ga mai hawan jini wannan ba ƙaramin abu ba ne.

Muna da abin da zai yi wannan aiki, wato daddawa. Ƙwayar halittar da ke ruɓar da kalwa ta zama daddawa, mai suna Bacillus subtilis, ita ce dai mutanen Japan suke amfani da ita wajen yin wani abincinsu na waken suya da ake kira natto. Ɗanɗanon da kamfani yake haɗawa ya sa a farin magi, irinsa ne yake fitowa da kansa a cikin daddawa. Kakanninmu sun san haka a harshensu tun ba a ba abin suna ba.

Ga yadda ake yin ruwan daddawa. A daka daddawa ƙwaya 2 ta yi laushi. A sa ƙaramin cokali ɗaya na sukari a busasshiyar tukunya bisa wuta kaɗan har ya narke ya yi ja, amma kada ya yi baƙi, don zai yi ɗaci. A zuba ruwa kofi 2 a hankali, domin yana fantsama. A sa daddawar, da rabin albasa, da ƙaramin cokali ɗaya na gishiri mai aidin, in kuma akwai kan busasshen kifi a jefa. A bar shi ya tafasa har ruwan ya koma kofi ɗaya, sa'an nan a tace da rariya ko tsabtataccen ƙyalle. Gaskiya ɗanɗanonsa ba daidai yake da na kwalba ba, ƙamshinsa ya fi ƙarfi. Amma a bakin yaranmu da suka tashi da miyar kuka, wannan ƙamshi na gida ne. Daddawar kalwa ta fi armashi, ta waken suya kuma ta fi arha, kowacce aka samu za ta yi.

Miyar gyaɗa

Da wannan ya kamata a fara, domin ita ce ta fi riƙe ciki, kuma ita yara suka fi karɓa. A soya gyaɗa gwangwanin madara ɗaya sama-sama, a murje ɓawon, a bushe, a daka ko a kai inji ta yi laushi har ta fara fitar da mai. A jajjaga albasa ɗaya, da tafarnuwa sala 2, da ɗanyar citta kamar kan babban yatsa. A soya jajjagen da mai cokali ɗaya kawai har ƙamshi ya tashi. A zuba gyaɗar, a bi ta da ruwa kofi ɗaya da rabi ana juyawa don kada ta yi gudaji. A sa ruwan daddawa babban cokali 3, da ruwan tsamiya mai kauri babban cokali 2, da ɗan gutsuren mazarƙwaila. A rage wuta, a yi ta juyawa na kimanin minti 10. In an ga mai ya fara tasowa a gefe, ta yi. Kaurin da ake so shi ne wanda in an tsoma awara miyar za ta manne mata, ba ta zube ba.

Mutanen Indonesiya suna sa madarar kwakwa da sukari irin nasu. Mu mazarƙwaila ta ishe mu, kuma mai yin awara tana iya ɗibar kofi ɗaya na madarar waken suya bayan ta tafasa sosai, kafin ta zuba ruwan tsami, ta sa a madadin ruwa. Miyar takan fi laushi, amfaninta a jiki kuma ya ƙaru. Ɗanyar madarar da ba ta dahu ba kam ba a sa ta, tana ɓata ciki.

Za a lura ba a ambaci attarugu ba. Da gangan ne. A fara kwashe rabon yara a kwanonsu, sa'an nan a sa attarugu ko yaji a na manya yadda ake so. Wannan ƙaramar dabara ita ce ginshiƙin dukan abin da muke faɗa a nan. Uwa ba ta bukatar girki biyu, ludayi ɗaya ne za ta ɗiba kafin yaji ya shiga.

In gyaɗa ta yi tsada, ƙuli-ƙuli zai yi. A daka shi ya zama gari, a jiƙa da ruwan zafi ya yi laushi, a bi sauran matakan. Sai dai tun da an matse mansa, a ƙara mai cokali ɗaya. Manja ya fi dacewa a nan saboda sinadarin bitamin A da ke cikinsa, mai taimakon ido da garkuwar jikin yaro, amma kada a soya shi har jansa ya gushe, don amfanin yana tafiya tare da jan.

Akwai gargaɗi mai nauyi game da gyaɗa. Gyaɗar da ta sha danshi a gona ko a rumbu takan yi funfuna, funfunar kuma tana haifar da wata guba mai suna afulatoksin. Wuta ba ta kashe ta, ko an soya ko an tafasa. Tana lalata hanta sannu a hankali har ta kai ga ciwon dajin hanta, an kuma danganta ta da tsumburewar yara. Abin baƙin ciki shi ne, sau da yawa kyakkyawar gyaɗa ce take tafiya kasuwa, tsintar da ta rage kuma ta shiga tukunyar gida ko ta zama ƙuli-ƙuli. Ya kamata a juya wannan lissafi. A baje gyaɗa a faranti a tsince duk wadda ta yamutse, ko ta canja launi, ko ƙwaro ya huda, ko take ɗaci. A zubar da ita, kada a ba kaji ko awaki masu ba da nono. Manoma kuma su busar da gyaɗa sosai bisa tabarma ko leda, ba a ƙasa ba, su ɗora buhuna bisa katako. Akwai wani magani da IITA ta samar mai suna Aflasafe da ake watsawa a gonar gyaɗa da masara makonni kaɗan kafin su yi fure, mai bukata ya tambayi malamin gona na yankinsa.

Riɗi, tsamiya da citta

Riɗin da ake nomawa a Jigawa da maƙwabtanta, ana loda shi a jirgin ruwa zuwa Japan da Sin da Turkiyya, can su mai da shi miya mai tsada, mu kuwa a nan da wuya ya wuce kantu. A wanke riɗi rabin gwangwani a rege shi da kyau saboda yashi, a shanya, a soya bisa wuta kaɗan har ya fara tsalle. Minti ɗaya na sakaci ya isa ya ƙone ya yi ɗaci. A daka shi da zafinsa har ya zama kamar tunkuza, a dama da romo mai zafi kaɗan-kaɗan, a sa ruwan daddawa cokali 2, da dakakkiyar tafarnuwa sala ɗaya, a matse rabin lemon tsami bayan an sauke. Lemon ba don ɗanɗano kaɗai ba ne. Sinadarin bitamin C da ke cikinsa yana taimakon jiki ya tsotsi sinadarin ƙarfe mai ƙara jini daga awara da ganye, shi ya sa wannan miya ta dace da masu juna biyu da masu shayarwa.

Ta tsamiya ita ce mafi arha. A jiƙa tsamiya da ruwan zafi, a murje, a tace, a dafa ruwan da dabino 5 da aka cire wa ƙwallo, da ɗan gishiri da garin citta, har dabinon ya narke miyar ta yi kauri. Haka mutanen Indiya suke yi su ci da soyayyun abubuwansu. Tana shiga da ƙosai, da dankali, da gasasshen kifi.

Ta huɗun kuwa ko dahuwa ba ta bukata sosai. A yanka lawashi ƙanana, a gurza citta, a sa gishiri kaɗan a kwanon silba, a zafafa mai cokali 3 a kwara a kai ya yi ƙara. Sinawan kudu da kaza suke cinta. Wanda ya samu ɗanyen kifi daga kogin Wudil ya dafa shi a romo ya gwada da ita.

Tukunya a tsakiya

Romon ba ya bukatar tsoka. Ƙashin saniya ko na akuya daga wurin mahauci, ko kan kifi, da albasa da citta da daddawa, a tafasa su daɗe, ya wadatar. In ma babu ko ɗaya, ruwan daddawa da albasa da tumatir zai ɗauki nauyin. Awarar da za a sa a romo sai an danne ta da dutse ta tsane fiye da ta suya, in ba haka ba za ta farfashe. A yanka ta ƙanana, a jefa a romo mai tafasa na minti 5. Takan tsotse romon ta yi taushi yadda tsoho marar haƙori da yaron da ake yaye za su iya ci. A bi ta da kabeji, da karas, da kabewa, da dankali, ganyen zogale ko alayyafo kuma a ƙarshe don ba ya son daɗewa a wuta. Idan akwai nama ko kaɗan ne, a yanka shi siriri kamar za a yi kilishi, sai ya isa kowa ya samu. Romon da ya rage a zuba a kan tuwo ko shinkafa, ba a zubar da komai.

Zama a kewaye tukunya bisa kurfoti abu ne mai daɗi da daddare a lokacin hunturu, ya kuma dace da taron zumuntar mata ko liyafar da aka gayyaci maƙwabta. Tun da ba giya ko wani abin ƙi a cikin waɗannan miya, Kirista da Musulmi za su ci tare hankali kwance, in dai naman yankan da kowa ya yarda da shi ne. Wanda ya sayi miyar kwalba ta Asiya dai ya karanta takardar jikinta, gama wasu da giyar shinkafa ake haɗa su. Amma a gidan da ke da yara masu rarrafe, gara tukunya ta zauna a murhu, uwa ta kwaso ta raba. Ƙunar romo ba wasa ba ce. Haka kuma kada a shigar da gawayi mai ci cikin ɗaki a rufe ƙofa da taga saboda sanyi, hayaƙinsa marar wari yana kashe mutane cikin barci.

Batun tsabta kuma, mu da muka saba cin abinci a kwano ɗaya sai mun ƙara lura. Dangwale yana nufin hannu da abin da aka gutsura suna komawa cikin miya sau da yawa. A annobar kwalara ta 2021 an samu fiye da mutum 100,000 da ake zaton sun kamu a Nijeriya, fiye da 3,000 suka rasu, jihohin Kano da Jigawa da Bauchi suna cikin waɗanda abin ya fi shafa. Saboda haka kowa ya wanke hannu da sabulu da ruwa mai zuba, ba a kwano ɗaya da kowa ya tsoma ba. A ba ƙaramin yaro nasa kwanon, wannan zai sa uwa ta ga iyakar abin da ya ci, manyan yayye kuma ba za su rigaye shi ba. Tsinke ko cokalin da ya taɓa ɗanyen nama kada ya shiga miya ko baki. Miyar gyaɗa da ta riɗi ba sa jure zafin gari, in sun wuce awa 2 a ajiye sai an sake tafasa su, kuma a yi daidai wadda za a cinye a ranar.

Yaro daga wata 6 yana iya fara lasar miyar gyaɗa marar yaji, mai laushi, da awara da aka murtsuke, tare da ci gaba da shan nono. Kada a sa zuma a abincin wanda bai kai shekara ɗaya ba. In aka ga kumburin leɓe ko fuska, ko ƙuraje, ko numfashi da ƙyar bayan ya ci gyaɗa ko riɗi, a daina ba shi a garzaya asibiti. Wannan abinci na tsare yaro ne daga tamowa, ba maganinta ba ne. Yaron da ya rame ƙwarai, ko ƙafafunsa suka kumbura, a kai shi asibiti a auna damtsensa. Abincin leda da ake ba irin waɗannan yara shi ma da gyaɗa ake yinsa, an ƙirƙiro shi a Faransa a 1996, an kuma yi amfani da shi sosai a Maraɗi lokacin yunwar 2005, amma yana da madara da sinadarai da aka auna, waɗanda ba a iya haɗawa a gida.

Ga masu sana'ar awara

Mata da yawa a cikin ƙungiyoyinmu da awara suke biyan kuɗin makaranta da na magani. A Wudil akwai masu saye, ga ɗaliban Jami'ar Aliko Dangote, ga na makarantar horar da 'yan sanda, ga matafiya a hanyar Kano zuwa Maiduguri, ga kuma cincirindon ranar kasuwa. Inda mata 10 suke jere da awara iri ɗaya da yaji iri ɗaya, wadda take da 'yar miyar gyaɗa ko ta tsamiya a gefe ita za a tuna. Amma a yi lissafi kafin a fara. A rubuta kuɗin gyaɗa, da tsamiya, da albasa, da gawayi, a ƙirga ludayi nawa tukunyar ta bayar, a raba, sa'an nan a san ko za a ɗora kuɗin a kan awarar ko a sayar da miyar daban. A fara da gwangwani ɗaya na mako guda a ga yadda masu saye za su karɓa. A ajiye miyar a rufe kusa da wuta ta zauna da zafinta, mai sayarwa ce kaɗai za ta ɗiba da ludayi, kuma wadda ta kwana ba a haɗa ta da sabuwa.